Hoton da Sakata Ba Ya Ciki

A shagon askin Don Chon da ke bakin kasuwar garinmu, San Crispín, akwai wani hoto da ya girmi madubin shagon. Hoton ƙungiyar ƙwallonmu ne, 'Yan Bulo, ranar da suka ɗauki kofin rukuni na uku, kofin da har yau ba a yi masa ƙane ba. 'Yan wasa goma ne a ciki, da kocinsu, da mai ɗauko musu ruwa, da wani kare da har yanzu ba a san mai shi ba. Kare ma ya samu shiga. Wanda bai samu ba shi ne kyaftin ɗin ƙungiyar, Eleuterio Barajas, ɗan bayan da yara da manya ba sa kiransa da komai sai Sakata.

Idan baƙo ya zauna aski, aka yi dace Sakata na kan benci yana jiran layi, Don Chon ba ya iya haƙuri. Sai ya nuna hoton da almakashi ya ce, "Ka ga bawan Allahn nan? Shi ya ci mana kofin can. Ce masa ya nuna maka kansa."

Sakata sai ya miƙe da gwiwarsa mai ƙara, ya kai yatsa can ƙuryar hoton, bayan kawunan mutane, inda wata 'yar taga ta fito kamar ƙwayar wake. A cikin tagar akwai ɗigon baƙi. "Hannuna ne wannan," in ji shi. Don Chon ya rantse kashin ƙuda ne da ya shige ƙarƙashin gilashi. Shekara da shekaru suna wannan musu, kuma a cikinsu ba wanda ya taɓa yarda a cire gilashin a duba.

Uban Eleuterio mai yin bulo ne, kamar rabin mazan garin. Tun yaron bai kai tsawon tulu ba ake jefa shi cikin kwaɓin laka yana tattakawa, daga fitowar rana har ya daina jin cinyoyinsa. Can ya samo ƙafafun nan nasa masu kama da turmi. Can kuma ya samo bakinsa, domin a wurin gasa bulo ba a ce wa mutum "miƙo mini shebur" haka siddan. Sai an haɗa masa da uwarsa da kakarsa, shi ma ya rama, sannan shebur ya iso. Ba faɗa ba ne, haka ake magana. Yaron ya tashi bai san akwai wata hanyar kiran mutum ba.

Da ya fara ƙwallo aka ga ba shi da yanka, ba shi da gudu, in kuma ya ce zai ba wani ƙwallo sai an je an roƙo ta a gidan maƙwabta. Sai aka tura shi baya, aka ce ya tsaya nan kada ya motsa. Ashe wurinsa ke nan. In ƙwallo ta wuce shi, mai ita ba ya wucewa. 'Yan gaban garuruwan da ke kewaye da mu sun fi sanin takalminsa da fuskarsa. Har wata babbar ƙungiya ta babban birni ta ɗauke shi shekara guda. Bai buga mata ko wasa ɗaya ba, amma ya samu jan kati daga kan benci, saboda abin da ya gaya wa mai ɗaga tuta game da idanunsa. Ya dawo gida da jaka ɗaya da 'yan sababbin ashar irin na birni, muka tarbe shi da makaɗa.

Ranar kofin nan, 'Yan Bulo na gaba da ci ɗaya, wasa ya zo gangara. Alƙalin wasan wani saurayi ne siriri, Próspero Villagómez, gashi ya sha mai. Ranar ya fara hura babban wasa, har tsohuwarsa ta biyo motar haya daga ƙauyensu don ta ga ɗanta. Sakata ya kwashe ƙafafun wani ɗan gaba, irin kwasar da ake jin ƙararta daga wajen fili. Próspero, ko don tausayi ko don tsoro, katin gargaɗi kawai ya ɗaga masa. Da Sakata ya ja bakinsa da shi ke nan. Ina! Sai ya matsa kusa da alƙali ya faɗa masa ra'ayinsa game da matar da ta haife shi, da muryar da ake kiran shebur da ita. Tsohuwar kuwa tana layin gaba. Ta miƙe ta ce, "Ga ni nan, mara kunya, faɗa mini ido da ido!" Jan kati ya fito.

Mai gadin filin ya san halin mutuminsa. Ya tura shi ɗakin canza kaya, ya tokare ƙofar ta waje da ƙaton katako, don kada ya dawo ya shaƙe ɗan mutane. Aka tashi wasa, gari ya ruɗe. Sakata na ciki, tsakanin warin safa da famfo mai ɗiga, yana jin ihu ta bango kamar mai sauraron bikin maƙwabta. Usur ɗin tashi ma bai ji ba. Ya taka benci ya zura hannu ta 'yar tagar yana kira, daidai lokacin da mai hoto ke jera mutane. Aka ɗauki hoto, aka ɗauki kofi, aka ɗauki mai gadin ma a kafaɗa aka yi dandali da shi yana waƙa.

Sai da rana ta yi sanyi, fili ya zama ba kowa, sannan wata budurwa mai taya uwarta sayar da tamal, wato alalen masara, a bakin ƙofa, Hermelinda, ta zo wanke tukunya ta ji bango yana zagi. Ta janye katakon. Ya fito ido jajur. Ta dube shi sama da ƙasa ta ce, "Ka gama?" Sannan ta miƙa masa tamal ɗin da ya yi kwantai. Kafin shekara ta zagayo aka ɗaura musu aure a coci.

Muna dariyar labarin nan, shi ma yana taya mu, amma a cikinsa ba dariya ba ce. Abin yana ci masa rai. Mela, haka ake kiran matar, ta san ranar da mijinta ya je aski ko da bai cire hula ba, don ranar ba ya ƙara abinci.

Da gwiwa ta ƙi, sai aka ba shi horar da ƙungiyar, don ba wanda ya san abin da za a yi da shi, kuma ba wanda ke da zuciyar ce masa ya tafi gida. Yaran na ce masa Profe, yadda ake ce wa kowane koci. Bai san allo da alli ba. Abin da ya sani shi ne duk yaron da ya shigo, ranar farko zai samu sunansa. Ɗan bayansa na tsakiya, Rigoberto, ya zama Kan Kabewa. Mai tsaron gida, Fidencio, ya zama Rariya. Akwai Ƙafar Agwagwa, akwai Jakin Dawa, akwai wani da ba zan iya rubuta sunansa ba. Kuma kowane zagi da aikinsa. In Profe ya taɓo kakar yaro, to ya matsa hagu. In kakan ne, dama. In ya ambaci uwa, a bar komai a koma baya da gudu, gobara ta tashi. Da haka ya gina tsaron bayan da ya fi na kowa a yankin. Wasanninmu ba su da daɗin kallo, amma ba a cika cin mu ba.

Yaran kuwa suna sonsa kamar me. Wanda ya yini Profe bai zage shi ba yakan koma gida da damuwa, yana tunanin ko sallamarsa za a yi. Alƙalai ne dai ba su fahimci tsarin ba, musamman da yake yakan haɗa da su. Duk wasan da ya yi zafi, Sakata a waje yake ƙarasa shi. Wata tsohuwa da gidanta ke jingine da katangar fili har kujera ta ajiye masa a kan rufi, tsakanin igiyar shanya da kejin kaji. Daga can yake ci gaba da aiki, kajin ma sun saba.

Haka aka yi ta tafiya, ba mu hau ba ba mu faɗi ba, sai ga shi wata shekara, ba wanda ya san yadda aka yi, 'Yan Bulo sun sake kaiwa wasan ƙarshe. Da 'Yan Tukwane na Santa Rufina za a kara, garin da ba ma ga maciji da shi tun kakanni, kuma a filinmu. Sai aka sanar da sunan alƙali: Próspero Villagómez. Gashin ya tafi ya bar masa ƙyallin, kuma wannan ne wasansa na ƙarshe kafin ya rataye usur.

"Profe," in ji Don Chon yana wasa reza, "na aika a wanke maka tagar nan, don bana hannun ya fito sosai. Ka sa zobe."

Shagon ya ɗauki dariya. Sakata ya yi tasa, ya tafi gida. Ya tarar da Mela tana naɗe tamal cikin ɓawon masara, ya zauna a gaban abincinsa yana kallo.

"Tsoho, ka je aski," ta ce.

"Tsohuwa, ina so in shiga hoto." Haka ya faɗa, kamar ƙaramin yaro. "Ko mu ci ko a ci mu. Ina so a tashi wasan nan ina tsaye a kan ciyawa. Na gaji da ji ta bango, na gaji da kallo tare da kaji."

"To ka rufe bakinka mana."

"Kin san ba ni nake buɗe shi ba."

"Na sani. Shi ya sa gobe za ka je ka rantse."

"Rantsuwa? Ni mashayi ne?"

"Kai ka fi mashayi. Shi kwalbarsa tana ƙarewa."

A wurinmu, mutumin da giya ta fi ƙarfinsa yakan je coci ya durƙusa gaban Uwarmu ta Guadalupe, waliyyiyar ƙasarmu, ya rantse ba zai sha ba har wata kaza. Fada ya ba shi ɗan kati mai hotonta. In abokai suka miƙo kwalba ya nuna katin, ba mai ƙara matsa masa, don kowa ya san wanda ya karya wannan ba da mutum ya saɓa ba. In kuma auren 'yarsa ya faɗo cikin wa'adin, yakan koma ya roƙi izinin yini guda, Fada ya ba shi in ya ga dama. Abin da Mela ta manta, ko ta yi kamar ta manta, shi ne Fadan namu, Anselmo, haifaffen Santa Rufina ne. Kowa ya san akwai 'yar tutar 'Yan Tukwane a ɓoye bayan kalandar ofishinsa.

"Giya ce, ɗana?" Fada ya tambaya da ya ga Sakata yana murza hula.

"Zagi ne, Fada."

Fada Anselmo ya cire tabarau a hankali. Fuskarsa ta yi wani haske da ba a taɓa gani a wajen wa'azi ba.

"Na mako guda nake so," in ji Sakata. "Zuwa Lahadi da yamma."

"Uwarmu ba ta sayar da kiri, ɗana. Wata uku ne mafi ƙanƙanta."

"To sunayen yarana fa? Kan Kabewa ai suna ne."

"Wa ya yi masa baftisma da shi?"

"Ni."

"Zagi ne."

"Alƙali fa, Fada? In na ce masa makaho, alhali makahon ne?"

"Musamman alƙali."

Sakata ya durƙusa, gwiwar ta yi ƙara har mai shara ta waiwayo. Ya rantse, ya karɓi kati ya sa a aljihun ƙirji. Fada ya raka shi har bakin ƙofa, abin da bai taɓa yi wa kowa ba.

Da yamma a wajen atisaye ya tsaya bakin layi ya gyara murya ya ce, "Rigoberto, don Allah ɗan matsa hagu." Ba wanda ya motsa. Rigoberto ma waiwayawa ya yi ya ga wa ake kira, don rabonsa da jin sunan tun yana makaranta. Sakata ya sake gwadawa. "Yara, ku daure ku koma baya, in ba damuwa." Yaran suka tsaya cak suna kallon juna, ƙwallo ta gangara ta tsakaninsu ta shiga raga ita kaɗai.

Bayan an tashi, Fidencio mai tsaron gida ya same shi a gefe, safar hannu a hammata. "Profe, in korata za ka yi ka faɗa mini, ina da iyali."

"Ba korarka zan yi ba. Kana ƙoƙari, ɗana."

Fidencio ya fashe da kuka. Kafin gari ya waye labari ya zaga cewa likita ya gaya wa Profe wani abu. Mata suka fara aiko da romon kaza. Sai da ya hau kan benci ya ɗaga wa yaran katin, suka yi alamar gicciye, hankalinsu ya kwanta. Ƙafafunsu dai ba su gane ba. Da ƙyar suke motsi, kamar an ɗauke wa injin niƙa wuta.

Ranar Asabar ya koma coci.

"Fada, izini nake so. Ba yini guda ba ma. Rabin wasa kawai, na biyu."

"Izini na biki ne da jana'iza, ɗana."

"Ai jana'izar za a yi gobe, Fada."

"To in an yi ka aiko, ni zan yi mata addu'a."

Ranar Lahadi fili ya cika har kan katanga. Tsohuwar nan ta riga ta kakkaɓe kujerar kan rufi ta ɗora mata matashi. Aka hura usur, Sakata ya tsaya bakin layi, ya cire hula ya cusa bakinta tsakanin haƙoransa.

Ban taɓa ganin rabin wasa irin wannan ba. Ladabin Profe ya kama yaran kamar mura. 'Yan Tukwane suka ɗago wata ƙwallo mai sauƙi, Kan Kabewa ya matsa ya bar wa Rariya, Rariya ya ja baya ya bar wa Kan Kabewa, wani ɗan gaba ya zo ya gode musu ya zura ta. Ɗaya da nema. Fada Anselmo, yana can cikin mutanenmu da baƙar rigarsa, ya yi tari don kada a ji abin da ya fito masa. Sakata ya ce, "Ba komai, yara, ku ƙara himma," hawaye na zubo masa don azaba. Hula ta riga ta ɓule. Shi kansa Próspero bai samu sukuni ba. Yana gudu yana waiwayen benci, hannu na kaiwa aljihu yana dawowa, kamar mai jiran tsawa bayan walƙiya.

Mela tana bakin ƙofa da tukunyarta, inda take tun tana budurwa, tana hangen komai. Ita ce shugabar matan addu'a na unguwarsu. Ba wanda ya taɓa jin kalmar da ta wuce "Allah ya shirye ka" daga bakinta. Amma shekara ashirin tana kwana da mutumin da ke horar da 'yan baya har cikin barci. Da aka dawo hutun rabin lokaci ta ga an kusa ƙara na biyu, sai ta rufe tukunya, ta goge hannu, ta kutsa har layin gaba. Ta kama wayar shinge, ta yi alamar gicciye, ta buɗe baki.

"Kan Kabewa! Kai jikan mai satar kaji! Kakarka ce za ta tare maka gefen can?"

Yaron ya zabura ya yi hagu kamar wanda ya ɓata a kasuwa ya ji muryar uwarsa. Ƙanƙarar da Fada Anselmo ke sha ta suɓuce ta faɗi a kan rigarsa.

"Doña Hermelinda!" ya ce.

"Ni ban rantse ba, Fada! Rariya, fito ka kama, sakaran banza, hannun ado aka ba ka?"

Daga nan ta taɓo uwar Rariya. Uwar Rariya tana zaune kusa da ita, ta gyaɗa kai ta ce gaskiya ne, tun yana ƙarami haka yake. Mela ta bi su ɗaya bayan ɗaya, kakanni maza da mata, ba ta kuskure hagu da dama ko sau ɗaya ba. Har zage-zagen birnin nan ta fito da su, waɗanda Sakata ya ɗauka ba ta taɓa ji ba. Alƙali ba shi da katin da zai ɗaga wa mai sayar da tamal. Tsaron baya ya rufe ruf. Can aka samu bugun kusurwa, Mela ta gaya wa Kan Kabewa abin da ya kamata ya yi da ƙaton kan da Allah ya ba shi, ya kuwa tashi sama ya yi. Ɗaya da ɗaya. Sakata ya juyo ya dubi matarsa, hula a baki, kuma na tabbata ko ranar da ta janye katako bai so ta haka ba.

Wasa ya zo ƙarshe, ana ta lissafin ƙarin lokaci. Sai wani ɗan gaban 'Yan Tukwane ya shigo da gudu ya zube a gaban raga, yana birgima yana riƙe ƙafa. Iska ma ba ta taɓa shi ba. Próspero ya hura, ya nuna fenariti.

Ba alƙali mutane suka kalla ba. Fili duka Sakata ya juya yana kallo, namu da nasu. So muke ya fashe. Próspero ma ya baro wurin bugun ya nufo benci, yatsunsa a cikin aljihu, da fuskar mutumin da ke son ya rufe aikinsa yadda ya buɗe shi. Sakata ya cire hular daga baki. Maganganun shekara ashirin suka taso suka yi layi a maƙogwaronsa, kowace na cewa ita za ta fara, kuma duk cikinsu ba ƙarya ko ɗaya. Ya ɗaga ido ya ga kujerar kan rufi da matashinta. Ya juya ya ga 'yar tagar ɗakin canza kaya, Don Chon ashe da gaske ya sa an wanke ta. Sannan ya dubi ciyawar da ke ƙarƙashin takalminsa.

"Allah ya ba ka lafiya, Don Próspero," ya ce.

Alƙali ya tsaya. Kan jan katin ya riga ya leƙo. "Me ka ce?"

"Na ce Allah ya ba ka lafiya."

"Sabon zagi ne?"

Sakata ya zaro nasa katin daga aljihun ƙirji. "A rantse nake."

Próspero ya dubi hoton Uwarmu, ya dubi Sakata. Kafaɗunsa suka sauka. Ya yi alamar gicciye, ya mai da jan katin da ɗan yatsa. "Tun ina da gashi nake jiran ranar nan," ya ce, kamar wanda aka janye wa kwano daga gaba. Ya juya ya koma bakin aikinsa.

Aka buga. Rariya ya bi ƙwallon daidai, yatsunsa suka shafe ta, ta shige. Biyu da ɗaya. Ba a daɗe da mai da ƙwallo tsakiya ba Próspero ya kai usur baki.

Sakata ya ji shi. Yana tsaye a kan ciyawa, ba bango tsakani, ya ji shi da kunnensa. Ya ce wa mai ɗaukar ruwa, "Ashe ɗan siriri ne haka."

Yaranmu suka zube suna kuka. Mai hoto ya ɗauki kayansa ya ruga wajen 'Yan Tukwane, sai ya ji an kama masa wuyan riga ta baya, ƙafafunsa na tafiya shi ba ya gaba. "Don Allah," in ji Sakata, da wata irin murya da ta sa mai hoton ya ga ya fi masa alheri ya fara da mu. Profe ya bi yaran yana ɗaga su ɗaya-ɗaya yana jerawa. Ya sa aka jawo Mela, tana cewa a bar ta rigarta duk maiƙo ne, muryar ma ta dishe. Wani kare ya shigo daga inda karnuka ke shigowa. Sakata ya ce a bar shi, amma ya tsaya a baya. Sannan ya shiga tsakiya, ya ɗora ɓulalliyar hula, ya ce a ɗauka.

Har yau ana musu a garin. Wasu na cewa da ya saki bakinsa da Próspero ya tsorata ya janye fenaritin. Masu faɗin haka ba su san Próspero ba. Don Chon kuwa da aka kawo masa hoton ya ce shi ba ya rataye waɗanda suka sha kashi, shagonsa ba gidan makoki ba ne. Washegari aka ga ya buga ƙusa ya rataye shi da kansa, daidai ƙarƙashin tsohon.

Hoto ne mai ban mamaki. Samari sun jeru ido a kumbure, wani ya rufe fuska da riga, Rariya na share majina da safar hannu, Mela na kallon gefe kamar mai neman wanda ya rage ba ta zaga ba. A tsakiyarsu wani ƙaton dattijo ya washe baki har kunne, giɓin haƙoran da 'yan gaba suka cire masa duk a waje.

Kwanakin baya wani baƙo ya zo aski. Don Chon ya ɗaga almakashi zai fara, sai Sakata ya riga shi miƙewa. Bai ko kalli tagar ba. Baƙon ya dubi sabon hoton ya ce, "Kai, wannan dattijon ya ji daɗi. Da nawa kuka ci?"

"Mu aka ci," in ji Sakata. "Biyu da ɗaya, fenaritin zalunci." Ya ɗora yatsa a kan gilashin, daidai ƙirjin dattijon. "Amma duba nan. Ga ni."